Rajistar Baba

Masu turo min saƙo suna cewa in yi haƙuri, na gode, na karɓa, na jera a firji. Haƙurin da aka aiko min a shekara biyun nan, da shago na buɗe da shi da yanzu na ƙara reshe. Ke kuma baiwar Allah da kika rubuto cewa in gode wa Allah lada nake kwasa, ki turo min lambarki. Akwai ragowar lada a banɗakinmu kullum ƙarfe shida na safe, sai ki zo da safar hannu ki ɗebi rabonki.

Ga waɗanda yau suka fara karanta ni, ni ce Auta. Shekarata ashirin da takwas, ina da digiri a cikin akwati a ƙarƙashin gado, kuma ni nake jinyar mahaifinmu. Baba shekara talatin da biyar ya yi yana koyarwa a firamare. Yanzu ciwon mantuwa ya kama shi, irin wanda likita yake yi maka bayaninsa yana kallon takarda don kada ku haɗa ido. Mama ta rasu kafin abin ya yi nisa. Mu uku ta bari. Akwai Yaya Dogo, injiniya, yana wani gari mai tafiyar awa huɗu. Akwai Anti Gimbiya, tana gidan mijinta, tafiyar minti talatin daga nan, amma da alama daga ɓangarenta hanyar ta fi tsawo. Sai ni da ba ni da aiki ba ni da miji, wato a lissafinsu ba ni da uzuri.

Muna da guruf a waya, Yaya ne ya buɗe shi ya sa masa suna "Masu Kula da Baba". Mu uku ne a ciki. Yaya yana kula da shi da addu'o'in da ake turo masa yana turowa. Anti tana kula da shi da bidiyo. Yau a ba shi man kaza, gobe a hana shi gishiri, jibi wani mutum mai farar riga ya ce gyaɗa bakwai da safe tana dawo da ƙwaƙwalwa. Ni kuma ina ɗan taimaka musu da ƙananan abubuwa, irin su wanka, da aski, da magani, da wankin zanin gado, da ɓoye makullin ƙofa.

Baba bai san ni ba. Na faɗa da wuri don kada wata ta tambaya. "Malama" yake kirana, a ganinsa abokiyar aikinsa ce ni, kuma ba ya ɓoye min cewa ban iya ɗaura ɗankwali irin na malaman kirki ba. Falonmu aji ne. Teburin cin abinci teburinsa ne. Ƙarfe takwas na safe yana zaune a kai da farar riga, biro shuɗi da ja a aljihu, yana neman rajista.

Farkon abin, da bai ga rajistar ba, sai ya birkice gidan. Ya zazzage durowa, ya ɗaga katifa, wata rana har ya fita titi da silifa ƙafa ɗaya yana tambayar masu wucewa hanyar ofishin hedimasta. Ranar da mai shagon kan kwana ya riƙo min shi, ban tsaya kuka ba, na je na sayo babban littafi mai ƙwarin bango. Na ja layuka, na rubuta sunayenmu uku kamar yadda yake kiran mu a gida: Dogo, Gimbiya, Auta. Ya karɓa da hannu biyu, ya ce, "Yanzu kika yi aiki, Malama." Tun daga ranar shi yake jan layukansa, shi yake kwafe sunayen a sabon shafi, da rubutun nan nasa mai kyau da ciwon bai taɓa ba. Wanda ya zo a ja masa 'yar sanda, wanda bai zo ba a zana masa sifili. In ya gama ya sa littafin a jakarsa ya kulle, makullin yana rataye a wuyansa. Ko ni ba na gani. Wai rajista amanar malamin aji ce. Makarantar tamu kuma ba ta san Asabar da Lahadi ba.

Sai wata matsalar ta ɓullo. Ya kira "Dogo," shiru. Ya kira "Gimbiya," shiru. Sai ya juyo wurina.

"Malama, ina yaran nan suka shiga? Ko mota ce ta buge su a hanya?"

Ranar ko shayi bai sha ba, yini ya yi a taga. Sai na roƙi masu kula da Baba su turo min saƙon murya, kowa ya ce "Ina nan, Malam." Kalma uku. Yaya kwana huɗu ya ɗauka, aiki ya yi masa yawa. Anti ta turo nata da ƙarin minti biyu na bayani a kan zuma, sai da na yanke. Na sayi 'yar ƙaramar sifika na ɓoye a bayan labule. Baba ya kira Dogo, in danna waya a aljihun rigata, muryar Yaya ta fito daga bayan aji. Ya kira Gimbiya, in danna. Ba ya ko ɗago kai, sai dai ya ce, "Ku na baya ku riƙa ɗaga murya." In ya zo kan Auta kuwa, da bakina nake amsawa. Sai ya ɗago, ya dube ni ta saman tabarau, ya daɗe yana kallona, ya ce, "Hmm, Malama," ya rubuta. Wannan kallon shi ne albashina. Nakan ce a raina, can ƙasan zuciyarsa ya san ni.

To, ta tabarau ɗin nan soyayya ta shigo gidanmu, tunda ta ƙofa ba ta samu hanya ba.

Baba yana da baiwar zama a kan tabarau ɗinsa. Karo na uku da na kai gyara, mai shagon ya juya shi a hannu ya ce, "Wannan ba faɗuwa ya yi ba, hawa aka yi." Na ce masa mai shi ba ya iya zuwa shago. Ya ce shi zai zo ya gwada masa wani mai ƙwari. Washegari ya zo a kan babur ƙarfe takwas da 'yan mintuna, ya faɗo tsakiyar kiran suna. Baba ya dube shi sama da ƙasa.

"Kai kuma daga wane aji?"

Na san abin da mutane suke yi a nan. Wasu su yi dariya, wasu su ɗaga murya kamar kurma suke wa magana, "Baba, ba ka gane ni ba?" Shi wannan sai ya ajiye jakar kayan aikinsa, ya haɗe ƙafafu ya ce, "Sabon zuwa ne, Malam."

"Ka makara."

"A yi haƙuri, Malam, ba zan sake ba."

Bai sake ba kuwa. Wata goma sha ɗaya ke nan, kullum kafin ya buɗe shago sai ya biyo ya amsa sunansa. Cikin wata guda Baba ya ba shi muƙamin monita, kuma sunan da ya bi shi ke nan har a wayata. In na juya kicin haɗa shayi nakan jiyo su suna ƙus-ƙus, malami da monitansa, ban taɓa damuwa da abin da suke cewa ba. Kada ku tambaye ni kyau. Monita ba shi da kyan da za a taka birki saboda shi. Rigunansa uku ne, duk masu layi-layi, aljihunsa cike da ƙananan sukundireba. Amma shi kaɗai ne mutumin da ya taɓa tambayata, "Ke kin ci abinci?" kafin ya tambayi jikin Baba. Ranar na shiga kicin na yi kuka a kan tukunyar da ban ɗora ba.

Da ya yi maganar aure, bai ce in bar Baba ba. Cewa ya yi gidan da ya kama ɗaki uku ne, ɗaya na Malam ne, har ya auna inda teburin zai zauna kusa da taga. In kuma sauyin wuri zai rikita Malam, shi zai dawo unguwarmu. Abu ɗaya ya roƙa, a samu wanda zai riƙa karɓata kwana biyu a mako, don matar aure yake nema ba ma'aikaciyar da ba ta tashi daga aiki ba.

Na kai maganar guruf. Jama'a, ashe yayyena suna da ra'ayi.

Yaya ya rubuto: "Baba ba zai zauna gidan suruki ba muna raye."

Anti ta rubuto: "Auta ki ji tsoron Allah, Baba yana wannan halin kina zancen namiji?" Daga gidan namiji ta turo wannan saƙon.

Yaya ya rufe taron: "A bari Baba ya samu sauƙi tukuna."

Likita ya gaya mana mu uku, a ɗaki ɗaya, cewa wannan ciwon ba ya komawa baya. Yaya yana wurin, har da gyaɗa kai. Amma "a bari ya samu sauƙi" magana ce mai daɗin faɗa, ba ta da ranar ƙarewa. Sau biyu manyan Monita suna sa ranar zuwa, sau biyu ina ba su haƙuri daga cikin wanda ke firji.

Ranar Alhamis da rana ina yanke wa Baba farce saƙo ya shigo.

"Kawunnaina za su shigo gari ranar Lahadi. Mahaifiyata ta ce wannan ne na uku, ba za ta sake tashin dattawa a mayar da su ba. Ban matsa miki ba. Amma ki gaya min su zo ko kada su zo."

Na karanta sau biyar. Na rubuta "To", na goge. Na rubuta "Ka san halin da nake ciki", na goge, don ya fi kowa sani. A ƙarshe ban ba shi amsa ba, sai na shiga guruf na rubuta: "Ranar Lahadi manyan Monita za su zo." Ban ce na yarda ba, so nake kawai in ga ko wayoyinsu suna aiki.

Suna aiki. Mutumin da kalma uku ta ɗauke shi kwana huɗu, cikin minti biyu ya kira. Ban ɗaga ba. Anti ta kira sau tara. Ranar Asabar ƙarfe takwas saura kwata motoci biyu suka tsaya a ƙofar gidanmu, karo na farko cikin wata bakwai. Ashe an gyara hanyar.

Anti ce ta fara shigowa, cikin doguwar riga ruwan zuma mai duwatsu a wuya, mayafi ya dace da jaka, jaka ta dace da takalmi, turarenta ya riga ta zama a kujera. Ta kawo wa Baba ledar gyaɗa. Yaya ya biyo baya da kwat ruwan toka da jakar kwamfuta, wai daga nan zai wuce wani taro, don kada mu ɗauka ya zo zama. Ni ina tsaye da tsohuwar rigata mai tabon bilic a gaba, da tawul a kafaɗa. Anti ta dube ni ta ce, "Auta kin rame, ba kya kula da kanki." Na ce mata ai kuwa zan saka a jadawali.

Monita ya iso a kan lokacinsa, ya gaishe su har ƙasa. Yaya ya amsa masa da hanci. Shi kuma ya je ya tsaya inda yake tsayawa kullum, kusa da firji.

"Ki sallame shi, magana za mu yi ta gida," in ji Yaya.

"Sai an gama kiran suna, Yaya."

"Wane kiran suna kuma?"

Ku ji fa. Muryarsa tana aiki a gidan nan shekara biyu, shi bai san inda aka ɗauke ta aiki ba.

Baba ya fito da farar rigarsa, ya zauna, ya ciro makulli daga wuya ya buɗe jaka. Bai kalli baƙin ba. Ya gyara tabarau.

"Dogo."

Yaya ya yi murmushi ya matso. "Baba, ga ni. Ni ne, na zo da kaina."

Baba ya ɗago. "Bawan Allah, ana kiran suna. Iyayen yara su jira a waje." Ya mayar da kai. "Dogo."

"Baba, ni ne fa Dogon!"

"Dogo!" Idon Baba ya tafi taga. Na san abin da zai biyo baya, yinin ranar gaba ɗaya ne zai tafi. Hannuna ya shiga aljihu da kansa.

"Ina nan, Malam," in ji labule.

Baba ya sauke ajiyar zuciya ya ja 'yar sanda. Yaya ya tsaya baki buɗe yana kallon labulen da ya fi shi zama ɗa. Da aka zo kan Gimbiya, Anti ba ta ma gwada ba, ta bar labule ya yi mata. Wallahi na so in ji tausayinsu, na duba ko'ina a jikina ban samu ba.

"Auta."

"Ina nan, Malam."

Ya ɗago, ya yi min kallon nan. "Hmm, Malama." Ya rubuta.

"Monita."

"Ina nan, Malam."

Sai a lokacin Baba ya lura da kwat da jakar kwamfuta. Ya miƙe tsaye da sauri har kujera ta yi baya, ya gyara wuyan riga.

"Malama! Sufeto ya zo duba makaranta ba ki gaya min ba? Yallaɓai, a gafarce mu. Bismillah, zauna. Ga rajista, komai yana kan tsari."

Littafin da ni mai wanke masa ƙafa ban sake buɗewa ba tun ranar farko, ya miƙa wa Yaya da hannu biyu. Yaya kuwa, in dai girma ne ko na aro ne ba ya mayarwa. Ya zauna ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya yana buɗa shafuka. Fuskarsa ta fara washewa.

"Gimbiya, zo ki gani. Kin ga layina? Babu fashi ko ɗaya. Ga naki ma." Ya dube ni. "Kin gani ko, Auta? Kina ta yi mana gori a guruf kamar mun yar da shi. A zuciyar Baba kullum muna nan. Irin wannan abin ba a gaggawa, shi ya sa na ce a bari..."

Na ce, "Yaya, ni nake danna ku. Da yatsana. In caji ya ƙare ba ku nan."

"Ba a nan take ba."

"To karanta nawa layin. Karanta, a ji wanda ya kwana ya tashi a gidan nan."

Na faɗa da ƙarfin wadda ta san ta ci jarrabawa. Yaya ya sauke ido kan layi na uku. Ya buɗa shafin baya, ya sake buɗa na bayansa. Anti da ke leƙe ta kafaɗarsa ta ɗora hannu a baki. Na fizge littafin.

Sifili. Daga farkon layi har ƙarshe. Na buɗa baya, sifili. Watan jiya, watan azabar zazzaɓin da na yi ina rarrafe ina haɗa masa shayi, bara, har shafin farko da na ja wa layi da hannuna. Sifili, da jan biro, kowanne a zagaye tsaf. Na yau ko bushewa bai gama yi ba.

Ba zan yi muku ƙarya ba, ban taɓa jin ciwo irin wannan ba, ko ranar da aka fita da Mama. Shekara biyu ina karɓar kallon nan a matsayin albashi, ashe kallon malamin da ya kama abokiyar aikinsa tana amsa wa yaro suna ne.

Baba ya matso kusa da Yaya, ya rage murya. "Yallaɓai ya ga matsalar ko? Wannan yarinyar ita ce damuwata a ajin nan. Malama tana rufa mata asiri, tana amsa mata, ina jinta, ba na son in kunyata ta ne a gaban yara. Amma yarinyar ba ta zuwa. Kuma duk ajin babu mai kanta." Ya nuna wajen firji. "Na tambayi monita, ya ce wai mahaifinta ne ba lafiya, ita take jinya."

Na juya na kalli Monita. Ya sunkuyar da kai yana murza sukundireba a aljihu. Ashe ƙus-ƙus ɗin ke nan.

"Na rubuta wa uban takarda," in ji Baba. Ya karɓi littafin daga hannuna, ya buɗe bangon baya. Takardu ne a ninke, sun fi ashirin, duk an yago su daga tsakiyar rajistar. "Kullum in rubuta, in rasa wanda zan aika. Yallaɓai ya duba ko da gyara."

Yaya ya warware ɗaya. Ya fara karantawa da muryar sufeto, amma muryar ba ta kai shi ƙarshe ba.

"Zuwa ga mahaifin Auta. Bayan gaisuwa, ina yi maka sannu da jiki, Allah ya ba da lafiya. Na samu labarin 'yarka ce take jinyarka, shi ya sa ba ta zuwa. Rajistata ta nuna kana da manyan yara biyu da ba su taɓa fashi ba ko sau ɗaya. Ina ba da shawara a riƙa karɓa-karɓa. Ba daidai ba ne a zaunar da yaro ɗaya a gida har lokacinsa ya wuce. Ni ma ina da 'ya kamarta, da ni ne a kwance ba zan yarda ba. Don Allah ka sake ta ta zo. Naka, malamin aji."

Anti ta fara kuka, irin mai lalata kwalliya, ba irin na guruf mai 'yar fuska da hawaye ba. Yaya ya ninke takardar, ya ciro wayarsa ya ce ana kiransa, ya fita. Wayar ba ta yi ƙara ba, duk muna wurin.

"Da gyara?" Baba ya tambayi Anti.

Ta girgiza kai.

"To Malama, ke za ki kai. Hannu da hannu, kada ki ba yaro." Ya damƙa min ita a tafin hannu ya rufe da nasa.

Kada ku ɗauka daga nan aka rungume juna. Gidanmu ne fa. Yaya ya daɗe a mota, ya dawo ya ce shi taro yana jiransa, "za mu yi magana." Anti ta wanke kofuna biyu, ta tambaye ni inda muke ajiye soso a gidan da aka haife ta, ta ce za ta duba jadawalinta. Kafin azahar motoci biyun sun tafi, gyaɗa ta zauna. A bakin ƙofa na tare Monita.

"Wata nawa ka san sifili yake ba ni?"

"Tun watan farko."

"Shi ne ba ka gaya min ba?"

"Kallon da yake miki ne yake riƙe da ke. Ban iya ƙwace miki shi ba." Ya tayar da babur, ya kashe. "Ban gaya masa don ya rubuta komai ba. Tambayata ya yi, ni kuma ba na yi wa Malam ƙarya."

"Sabon zuwa ne, Malam," na kwaikwaye shi.

"Ai sabon zuwa ne," ya ce. Bai tambaye ni zancen gobe ba, ya tafi.

Yinin ranar takardar tana cikin aljihuna tare da wayar. Na ba Baba magani, na yi masa aski, na karanta ta a kicin, na karanta ta a banɗaki. Guruf shiru, ko addu'a ɗaya ba a turo ba.

Yau Lahadi. Ƙarfe bakwai da rabi na ɗauki waya na rubuta wa Monita kalma biyu, ban goge ba: "Su zo." Ya amsa da cewa yau zai makara, a ba Malam haƙuri. Na cire rigar bilic na sa shuɗiyar doguwar rigar da na ɗinka tun bara ban samu inda zan sa ta ba. Na zare sifikar daga bayan labule na jefa a durowa.

Ƙarfe takwas Baba ya zauna.

"Dogo."

Hannuna yana kan cinyata.

"Dogo."

Idonsa ya tafi taga. Na ce, "Lafiyarsa ƙalau, Malam, na gan shi jiya. Bai zo ba ne kawai."

Ya dube ni, ya ɗauki jan biro ya zana. Gimbiya ma haka. Na ɗauki hoton sifili biyun na tura wa masu kula da Baba, ban rubuta komai a ƙasa ba. Nan take alama ta nuna duk sun gani. Yaya ya fara rubutu, ya tsaya, ya sake farawa.

"Auta."

Karo na farko cikin shekara biyu ban amsa ba. Baba ya ɗago, ya kalli shuɗiyar rigar, ya kalle ni.

"Malama, kin kai takardar?"

"Na kai, Malam."

"Hannu da hannu?"

"Hannu da hannu."

"Me uban ya ce?"

Na ce, "Ya ce ya sake ta."

"Madalla," in ji Baba. "Ashe mutumin kirki ne."

Ya mayar da jan biron aljihu, ya ciro shuɗin, ya riƙe shi a saman gurbin Auta bai rubuta komai ba. Ya juya kujerarsa ta fuskanci ƙofa.

"Mu ɗan jira ta, Malama. Ƙila tana hanya."

A waje mota ta tsaya, aka kashe inji. Ko kawunnan Monita ne, ko ɗaya daga cikin masu sifilin yau, ban sani ba. Na miƙe na gyara ɗankwalina yadda malaman kirki suke yi, na nufi ƙofa.